Littafin Gane Macizai: Wanne Ya Dace da Mutanen Gadarif da Mai Wurno?

Idan damina ta ja baya aka shiga yankan riɗi a Gadarif da ke gabashin Sudan, wajen watan Oktoba zuwa Nuwamba, a lokacin ne hannu ke yawan shiga inda ido bai riga ya leƙa ba. Ɓera yana bin tarin riɗi da dawa, maciji yana bin ɓera, leburori kuma suna kwana a ƙasa a kambo, wato sansanin leburorin gona. Haka abin yake a gonakin bakin kogi na Mai Wurno da Sinja da Damazin. Saboda haka malamin makaranta, da ma'aikacin ɗakin shan magani, da mai kula da babbar gona, kowannensu yana bukatar littafin da zai buɗe ya gane wane maciji ne a gabansa. Littattafan nan suna da tsada, kuma tun da yaƙi ya ɓarke a watan Afrilun 2023 samunsu ya ƙara wuya. Yawanci sai an yi saƙo ta hannun ɗan'uwa da ke Alƙahira ko Jidda. Wanda zai yi saƙo sau ɗaya bai kamata ya yi kuskuren suna ba.

Abin da za ka fara dubawa a littafin macizai shi ne ƙasar da aka rubuta shi dominta, sannan shekarar da aka buga shi. Kyan hotuna yana zuwa daga baya.

Littafin da aka yi don Amurka zai koya maka cewa maciji mai dafi yana da kai mai kusurwa uku da ƙwayar ido tsagaggiya irin ta kyanwa. Wannan ƙa'ida tana iya halaka mutum a Sudan, domin kumurci da gamsheƙa, waɗanda a nan ake ce wa abu darag, ƙwayar idonsu zagayayya ce, kansu kuma bai fi wuyansu faɗi sosai ba sai sun fasa kai. Littattafan Indiya da na Afirka ta Kudu sun fi yawa a kasuwa, wasunsu aikin ƙwararru ne, amma akasarin macizan da ke ciki ba a taɓa ganinsu a Sinnar ba.

Batun shekara kuma yana da tarko biyu. Na farko, duk littafin da aka buga kafin 2011, idan ya ce ana samun wani maciji a “Sudan”, yana iya nufin dazuzzukan kudu da Juba, waɗanda yanzu wata ƙasa ce. Sai ka duba ɗigon da ke kan taswira, kada ka tsaya a sunan ƙasa. Na biyu, sunayen kimiyya suna canzawa. Gamsheƙar da ke bin kwarin Nilu, Naja nubiae, sai a 2003 Wüster da Broadley suka ware ta a matsayin jinsi mai zaman kansa, don haka ba za ka same ta da wannan suna a tsohon littafi ba. Wanda ya fi wannan nauyi shi ne na kububuwa, wadda ake kira gobe da nisa. Tsofaffin littattafai sun haɗa akasarin kububuwar duniya a ƙarƙashin suna ɗaya, Echis carinatus. Yanzu an san wannan suna na ta Asiya ne. Wadda ta fi yawa a gabashi da tsakiyar Sudan ita ce Echis pyramidum, ta Yammacin Afirka kuma ana kiranta Echis ocellatus. Wannan ba gardamar malamai ba ce kawai. Allurar kashe dafi da aka haɗa da dafin kububuwar Indiya an ga ta kasa aiki a kan saran ta Afirka, kuma ma'aikacin asibitin da ya karanta tsohon suna a littafi ya ga irinsa a jikin kwalba zai ɗauka ya dace.

Littafin da ya fi kowanne dacewa da ƙasar nan shi ne Handbook of Amphibians and Reptiles of North-east Africa, na Stephen Spawls da Tomáš Mazuch da Abubakr Mohammad, wanda kamfanin Bloomsbury ya buga a 2023. Ya haɗa Sudan da maƙwabtanta, Masar da Eritriya da Habasha da Sudan ta Kudu, har zuwa Somaliya. Amfaninsa babba shi ne bai tsaya a kan masu dafi ba. Ya kawo macizan da ba sa cutarwa, kuma su ne mutum ya fi cin karo da su. Illarsa kauri da nauyi, ga kwaɗi da ƙadangaru da kunkuru da suka cinye shafuka masu yawa. Littafin ajiya ne a ofishin makaranta ko na asibiti, ba na aljihun jallabiya ba. Idan kuɗin littafi ɗaya kawai ake da shi, shi za a saya.

Na biyu shi ne The Dangerous Snakes of Africa na Spawls da marigayi Bill Branch. A nan sai ka yi hattara da bugu, domin akwai na 1995, akwai sabon na 2020, kuma masu sayar da tsofaffin littattafai a intanet ba kullum suke bayyanawa ba. Ka nemi a turo maka hoton shafin da ke bayan shafin suna, inda ake rubuta shekara. Wannan littafi ya fi na farko zurfi a kan dafi: yadda dafin kowane jinsi ke aiki a jiki, alamomin da ke bayyana, da abin da ake yi a asibiti. Ya fi dacewa da nas da ƙaramin likita. Amma da yake ya ɗauki nahiyar gaba ɗaya, kafin ka yi amfani da shi sai ka zauna da fensir ka bi taswirorin ɗaya bayan ɗaya, ka sa alama a jinsin da suka shigo yankinku, in ba haka ba ranar da ake gaggawa za ka ɓata lokaci a kan macizan Kwango.

Sauran na gefe ne. A Guide to the Reptiles and Amphibians of Egypt na Sherif Baha El Din, bugun 2006, yana da amfani ga mutanen Dungula da Wadi Halfa da masu haƙar zinare a hamada, inda maciji mai ƙaho yake. Littafin Largen da Spawls na 2010 a kan Habasha da Eritriya yana taimakon mutanen Kasala da Gallabat. Ga Darfur da iyakar Chadi akwai Snakes of Central and Western Africa na Chippaux da Jackson, 2019, mai zanen ɓawon kai, sai dai ya fi dacewa da ɗalibin jami'a. Notes on Sudan Snakes da Corkill ya rubuta a 1935 tarihi ne mai daraja, amma ba a dogara da shi wajen suna ko magani.

'Yan'uwanmu da ke Makka da Jidda da Jizan su lura, littafin Afirka ba zai wadatar da su ba. Nasu shi ne Snakes of Arabia na Damien Egan, wanda aka buga a Dubai a 2007. Kumurcin Larabawa jinsi ne daban. Wanda ke Fot Sudan kuma kada ya saye shi don shafukan macizan teku, Bahar Maliya ba ta da su.

Idan littafi ya zo hannunka, ko mai sayarwa ya yarda ya turo hotunan wasu shafuka, akwai gwajin da ba ya ɗaukar minti goma. Buɗe shafin kububuwa. Littafin kirki zai gaya maka tsawonta bai cika wuce santimita 60 ba, kanta kamar goruba ƙarama ya fita daban da siririn wuya, saman kan kuma lulluɓe yake da ƙananan ɓawo masu kaushi. Zai kwatanta yadda take naɗe jiki kamar harafin C tana goga gefenta da gefenta, ana jin sauti kamar an zuba ruwa a mai mai zafi. Sannan ka duba ko ya ambaci maciji mai haɗiyar ƙwai, Dasypeltis. Shi ma yana da irin wannan zane a baya, yana naɗewa yana goga jiki yana fitar da sautin nan, ƙwayar idonsa ma tsagaggiya ce, alhali ba shi da dafi, haƙoransa ma kusan babu. Bambancin yana saman kai: nasa ƙarami ne, da manyan ɓawo shimfiɗaɗɗu kamar tayil. Littafin da bai sa waɗannan biyu kusa da juna ba, bai gama aikinsa ba.

Daga nan ka nemi Atractaspis, baƙin macijin nan mai sheƙi da ke fitowa daga ƙasa bayan ruwan sama, wanda a Sudan ake yi wa laƙabi da abu ashara dagiga. Kansa ba shi da wuya, idanunsa ƙanana, ƙarshen wutsiyarsa da ɗan tsini. Dole littafi ya faɗa ƙarara cewa ba a riƙe shi ta bayan kai, saboda yana zaro fiƙa ɗaya ta gefen baki ba tare da ya buɗe shi ba, ya soke yatsan da ya riƙe shi. Ko ƙwararru sun sha wannan sara. A shafin maciji mai ƙaho kuma, ka ga ko an ce wasu ba su da ƙahon sam.

Hoto ɗaya ga kowane jinsi bai isa ba. Kumurcin Masar, Naja haje, yana zuwa ruwan ƙasa, yana zuwa baƙi, wani da ratsi-ratsi, ɗansa kuma bai yi kama da babba ba. Ana son hoton babba da na ƙarami da na kai daga kusa. Shi ya sa ƙirgen ɓawo yake da muhimmanci, domin launi yana yaudara, ƙirge ba ya yi. Littafi mai kyau zai nuna yadda ake ƙirga layukan ɓawo a tsakiyar jiki, da faffaɗan ɓawon ciki daga maƙogwaro zuwa dubura, da na ƙarƙashin wutsiya, ko ɗaiɗai ne ko bibbiyu. Na kububuwa ɗaiɗai ne, na kasa bibbiyu. A kumurcin Masar akwai ƙananan ɓawo da suka raba ido da ɓawon leɓe, a gamsheƙa kuwa ɓawon leɓe yana taɓa ido. Ana koyon wannan a kan saɓar maciji da aka tsinta, ko a hoto. Mataccen maciji ba abin taɓawa da hannu ba ne, domin kan da aka sare yana iya sara bayan an ɗauka ya mutu. A juya shi da doguwar sanda, a ɗauki hoton baya da ciki da kai.

Sunayen gida suna da nasu rikicin. Dabib a Larabcin Sudan kowane maciji ne, asala ita ce mesa, amma sunan da wani ƙauye ke ba wa jinsi ɗaya wani ƙauyen yana ba wa wani. Littattafan nan da Turanci suke, ba za ka sami Hausa a ciki ba. Abin da ke aiki shi ne a zauna da dattawan gari da tsofaffin manoma, a nuna musu hotunan, a rubuta sunan Hausa da na Larabci da fensir a gefen kowane shafi.

Gwaji na ƙarshe yana babin taimakon gaggawa. Idan ka ga an ce a tsaga wurin sara, ko a tsotse, ko a ɗaure da igiya tamau, ko a ɗora baƙin dutse, to wannan babi ya tsufa, kada a bi shi. Ɗaurin nan yana kashe gaɓa, tsagawa kuma ga wanda kububuwa ta sara, jininsa ya daina daskarewa, hanyar zubar jini ce aka buɗe. Abin da ya kamata ka gani shi ne a kwantar da hankalin mutum, a cire zobe da agogo kafin kumburi, a hana gaɓar motsi da ɗan katako, a ɗauke shi zuwa asibiti kada ya taka. Idan gamsheƙa ta tofa a ido, kuma tana iya kai wa mita biyu, a wanke da ruwa mai yawa nan take. Littafin ma'aikacin lafiya kuma sai ya bayyana gwajin minti 20: a zuba jini kamar mililita 2 a sabuwar kwalbar gilashi busasshiya, a bar ta ba a girgiza ba, idan minti 20 suka cika a karkata ta. Jinin da bai daskare ba alama ce ta dafin da ke lalata jini, ko da mutumin yana zaune yana hira. Kwalbar roba ko wadda aka wanke da sabulu tana ba da sakamakon ƙarya.

Wannan ɓangare ba sai an kashe kuɗi ba. Ofishin Afirka na Hukumar Lafiya ta Duniya ya fitar da jagorar rigakafi da jinyar saran maciji a 2010, ana sauke ta kyauta, kuma tun 2017 hukumar ta sa saran maciji cikin manyan cututtukan da aka yi sakaci da su. Shafin Reptile Database yana nuna sunan kimiyya na yanzu, da shi ake gyara tsohon littafi. A shafin iNaturalist kuma ana ɗora hoto masana su faɗi suna, sai dai amsa tana iya kwana, kuma a tsakiyar gonakin Gadarif sabis ba abin dogaro ba ne. Manhajojin da ke cewa suna gane maciji daga hoto nan take ba a jingina ran mutum a kansu.

Game da bugun takarda da na waya, na waya ya fi sauƙin isowa a halin da hanyoyi suke, ana kuma iya buɗa hoto a ga ɓawon kai. Amma caji yana ƙarewa, rana tana hana ganin allo. Inda aka sami na takarda, a sa shi a leda mai kauri a akwatin ƙarfe saboda gara da laimar damina. Shafukan jinsi shida ko bakwai da suka fi haɗari a yankin kuma a ɗauki hotonsu a wayar mai kula da leburori da ta direban da zai kai mutum asibiti, tare da sunan asibitin da aka tabbatar yana da allurar kashe dafi kafin a fara yankan riɗi.