Laburaren ƙunshe bayanai a manhajar waya: wanne za ka ɗauka don kada lasisi ya tare ka a hanya?

Duk manhajar wayar da ke magana da saba, wato kwamfutar da ke ajiye bayanai a intanet, sai ta ƙunshe bayanai kafin ta aika, ta kuma warware waɗanda aka aiko mata. A ce kana gina wa dillalan kayan gwari na Farin Gada manhaja: sunan manomi, buhu nawa na dankalin turawa aka ɗoro daga Bokkos ko Mangu, lambar motar da ta kwaso, la'adar dillali. A cikin waya, kod ɗinka ya san kowanne da matsayinsa, amma in za su hau intanet dole a mayar da su rubutu, galibi a tsarin da ake kira JSON. Ba kasafai ake zama a zaɓi laburaren da zai yi wannan aiki ba, wato kod ɗin da wasu suka riga suka rubuta. Wanda aka gani a bidiyon koyo shi ake jefawa a wuce, sai ran da manhaja ta mutu a hannun mai ita, a duba saƙon kuskure a tarar ana maganar lasisi.

Ni a ganina, a manhajar waya ta yau da kullum babu dalilin biyan ko sisi don ƙunshe JSON. Amma kafin a zo kan zaɓi, sai ka gane wane irin saƙo ne a gabanka.

Ba duk saƙon da ya ambaci lasisi ne ke neman kuɗi ba

In Gradle, mai gina manhajar Android, ya ƙi gina aiki yana cewa ba ka amince da yarjejeniyar wasu sassan SDK, wato kayan aikin Android, ba, `sdkmanager --licenses` kawai za ka buga, ka yi ta amsawa da y har ya gama. Xcode na Apple ma yakan yi haka bayan sabuntawa, maganinsa `sudo xcodebuild -license`.

Akwai kuma wanda masu laburaren Jackson suka sani, musamman a tsofaffin ayyuka: Gradle ya ce ya samu fayil fiye da ɗaya a `META-INF/LICENSE`. Jackson ba ƙunshi ɗaya ba ne, akwai jackson-core da jackson-databind da jackson-annotations, kowanne ɗauke da takardar lasisi mai suna iri ɗaya, sai aka rasa wadda za a saka cikin APK, wato fayil ɗin manhajar Android. Layi ɗaya a `packagingOptions` zai raba gardamar, ko ka ce a ɗauki ta farko ko a fitar da su. Sai dai fitar da fayil ɗin bai sauke maka nauyin ambaton masu laburaren ba, zan dawo kan wannan.

Wanda ke neman kuɗi da gaske

Wanda ya fi shahara a wajen masu C# shi ne ServiceStack.Text. Har zuwa siga ta 3, ServiceStack kyauta ne ƙarƙashin lasisin BSD, kuma jama'a sun rungume shi saboda saurinsa. A ƙarshen 2013 siga ta 4 ta fito da sabon tsari: ko ka bi sharuɗɗan AGPL, mai neman ka buɗe kod ɗinka, ko ka sayi lasisin kasuwanci, ko ka zauna cikin gejin kyauta. Gejin a ServiceStack.Text a lokacin nau'in bayani 20 ne. Da ka taɓa na 21, sai `LicenseException` ya tashi da saƙon da ya fara da "The free-quota limit".

Abin da ya sa ya kama mutane da yawa shi ne ba ya nuna kansa lokacin gini, sai manhaja na gudana. Kamar mitar wuta ta kati yake: wuta na nan lafiya lau har yunit ya ƙare. Kai da kake gwaji shafi biyu ko uku kake buɗewa, ka ga Manomi da Buhu da Mota sun tafi sun dawo, ka rufe. Dillalin da ya wuni da manhajar a buɗe kuwa zai bi ta Rasit, Bashi, Direba, Kasuwa, Farashi da sauransu, har lissafi ya cika. Ya rufe ya sake buɗewa, ta yi aiki, can anjima ta sake mutuwa. Shi ya sa rahoton da zai zo maka bai wuce "Oga, wani lokacin tana yi, wani lokacin ba ta yi" ba, kai kuma ka ɗora wa netwok laifi.

Labari mai daɗi shi ne tun 2016, daga siga ta 4.0.62, aka cire wannan geji daga ServiceStack.Text. Saboda haka in ka gaji tsohon aikin Xamarin, dandalin gina manhajar waya da C#, yana wannan kuka, ɗaga sigar ita ce magani, ba sayen komai ba. Amma ka ɗaga duk ƙunshin ServiceStack tare, su zama lamba ɗaya. Siga ta Text daban, ta Client daban, na iya haifar da kuskuren da shi ma kan fito da kamannin lasisi. Duba `packages.config` a tsohon aiki, ko ka buga `dotnet list package --include-transitive` a sabo, sannan ka goge `bin` da `obj` kafin ka sake gini. Komawa siga ta 3 don guje wa biya kuwa ban ba ka shawara ba, an daɗe da barin kula da ita.

Kada kuma ka ɗauka duk gidan ne ya zama kyauta. OrmLite, wanda wasu ke haɗawa da rumbun bayanai na SQLite, gejinsa na kyauta tebur 10 ne. In ka sayi mabuɗi, kira `Licensing.RegisterLicense` tun farkon tashin manhaja, kafin komai ya taɓa laburaren. Mabuɗin yana aiki ne da sigogin da suka fito kafin wa'adinsa ya ƙare, don haka mutum na iya zaune lafiya shekaru, ran da ya danna sabunta komai a NuGet, ma'ajiyar ƙunshin .NET, sai a ce masa lasisi ya ƙare. Nan zaɓi biyu ne: ka sabunta biya, ko ka koma sigar da kake kai ka ƙulle ta.

Tarko na biyu yana gidan Newtonsoft. Json.NET, wato ƙunshin `Newtonsoft.Json` na James Newton-King, lasisin MIT gare shi, ba geji ba mabuɗi. Amma `Newtonsoft.Json.Schema`, mai tantance ko JSON ya bi tsarin da aka gindaya, kaya ne daban: AGPL ko biya, kuma kyautarsa tantancewa 1,000 ce a awa ɗaya. Dubu kamar da yawa, har sai ka tuna da wakilin da ya yi kwanaki a ƙauye ba netwok, ya shigo Jos wayarsa ta fara tura abin da ta tara, ana tantance kowane layi ɗaya bayan ɗaya. In tantancewar kake so ba tare da biya ba, NJsonSchema na nan da lasisin MIT. Sau da yawa ma a saba ya kamata a yi ta, ba a waya ba.

To wanne za a ɗauka?

Ga mai .NET, abu na farko shi ne Microsoft ta daina tallafa wa Xamarin tun 1 ga Mayu 2024, sabon aiki sai .NET MAUI. A can System.Text.Json ne ɗan gida: ya zo da .NET Core 3.0 a 2019, lasisinsa MIT, ba sai ka ƙara wani ƙunshi ba. Yana da tsauri fiye da Json.NET. In ba ka saita shi ba, yana bambanta babban baƙi da ƙarami a sunayen filaye, kuma lambar da saba ta turo cikin alamar zance, kamar "2500", ba zai karɓe ta a matsayin lamba ba sai ka ba shi izini. Wanda sabarsa ke turo JSON a hargitse zai fi jin daɗin Json.NET, don shi mai haƙuri ne. In kai ne ke riƙe da saba da waya duka, ɗauki System.Text.Json ka gyara sabarka.

A Android da Kotlin, Gson da Moshi da Jackson da kotlinx.serialization duk Apache 2.0 ne, ba wanda zai tambaye ka mabuɗi. Gson na Google ya tsufa, masu shi da kansu sun ce gyaran kurakurai kawai suke yi yanzu, kuma bai san dokokin Kotlin ba: yana iya cusa null a filin da ka rantse ba zai taɓa zama fanko ba, manhaja ta faɗi can wani wuri daban. Sabon aiki, kotlinx.serialization na JetBrains zan ɗauka, wanda sigarsa ta 1.0 ta fito a 2020, sai Moshi na Square a bayansa. Jackson ya fi dacewa da saba, nauyinsa ya yi wa ƙananan wayoyin itel da Tecno da ke hannun yawancin kwastomominmu yawa ba gaira ba dalili.

Masu Swift suna da Codable tun 2017, masu Flutter suna da `dart:convert` da json_serializable mai lasisin BSD. Babu abin tsayawa dogon tunani a nan.

In kuma tsadar data ce damuwarka, Protocol Buffers na Google, wanda aka buɗe wa jama'a a 2008, lasisinsa kuma BSD ne, da MessagePack suna ƙunshe bayani ya fi JSON ƙanƙanta. Kuɗin da za ka biya shi ne ba za ka iya karanta saƙon da ido ba ran da abu ya lalace. Ga manhajar rasit da lissafin buhuna, matse JSON da gzip yakan wadatar.

Askin da ake yi wa kod

Wannan ba lasisi ba ne, amma su kan zo tare har a kasa bambance su, kuma shi ya kamata ya fi tasiri a zaɓinka. Lokacin gina sigar Release, wadda ake ba kwastoma, linka a .NET da R8 a Android suna aske duk kod ɗin da suka ga ba a kira ba, don manhaja ta yi sauƙi. Laburare irin su Gson da Json.NET da ServiceStack.Text kuwa sai manhaja na gudana suke leƙa cikin aji, wato class, su gano filayensa. Mai aski bai ga an kira filin ba, sai ya cire shi ko ya canja masa suna. Sakamakon: a Debug, sigar gwaji, komai lafiya, a wayar kwastoma farashi ya dawo sifili, sunan manomi fanko. A .NET 8, in an kunna askin, System.Text.Json ma yakan fito fili ya ce an kashe masa wannan hanyar leƙe.

Gwajin mai sauƙi ne. Kashe linka, ko ka mayar da `minifyEnabled` zuwa false, ka sake gini. In kuskuren ya ɓace, aski ne, ba kuɗi ba. Magani na dindindin shi ne laburaren da ke rubuta kod ɗin ƙunshewa tun lokacin gini: System.Text.Json da `JsonSerializerContext` tun .NET 6, kotlinx.serialization, Moshi da injin samar da kod, json_serializable. Kuma kada ka miƙa aiki ba ka gwada Release a waya ta gaske ba, kana bin kowane shafi ba tare da rufe manhajar ba.

Abin dubawa a takardar lasisi

MIT da BSD da Apache 2.0 abu ɗaya suke nema a wajenka: ka ajiye sanarwar masu kayan tare da manhajarka. Shafi guda a cikin saiti ya isa, Flutter ma ya tanadi `showLicensePage` don haka. GPL da AGPL kuwa suna buƙatar ka buɗe kod ɗin manhajar ga waɗanda ka raba wa, abin da Alhajin da ya biya ka kuɗin aiki ba lallai ya yarda da shi ba. Suna kuma karo da sharuɗɗan App Store: a 2011 an cire VLC, mai kunna bidiyo, daga can saboda GPL, bai dawo ba sai 2013 bayan an sauya lasisin sigar iOS.

Wani abin dariya, tsohon laburaren org.json na Douglas Crockford ya daɗe da sharaɗin cewa a yi amfani da shi don alheri, ba don sharri ba. Lauyoyi suka ce wa zai auna wannan? Gidauniyar Apache ta hana shi a ayyukanta a 2016, sai a 2022 aka sake shi ga kowa ba sharaɗi.

Lasisi kuma yana canjawa. A 2025 kaɗai FluentAssertions da AutoMapper da MediatR sun koma tsarin kasuwanci a sababbin sigoginsu. Ba laifi ba ne mai laburare ya nemi abin sawa a baka, amma kai ka ƙulle lambar siga, ka karanta bayanin sauyi duk lokacin da babbar lamba ta motsa.

Yaushe biya ke da ma'ana? In an gina sabar gaba ɗaya a kan ServiceStack, kuma tana kawo kuɗi, biyan lasisi ya fi arha a kan sake rubuta komai. Amma a saba mabuɗin zai zauna. Duk abin da ka cusa cikin APK, mai JADX, manhajar warware APK, zai iya zaro shi cikin 'yan mintuna. Ka kuma lissafa cewa da dala ake biya, kuma in kana son sababbin sigogi sabuntawa za ka riƙa yi, ga dala 99 na Apple duk shekara, ga dala 25 na rajistar Google Play. Tun da aka saki naira a 2023, farashin da ka faɗa wa mai aiki a watan Janairu ba lallai ya kai ka Disamba ba. Saboda haka a sayi lasisin da sunan kamfanin mai manhaja da imel ɗinsa, ba naka ba, a kuma rubuta a yarjejeniya wanda zai riƙa biyan sabuntawa da ranar da wa'adin ke ƙarewa.