Kan busa iska na Camco: yadda yake aiki a motar zango da hitarta ba ta da layin kewaye

Motocin zango, wato masu wurin kwana, kicin da bayi a ciki, da ke shigowa ta tashar Duwala su hauro Garwa, Marwa ko Njamena, wasu an ƙera su ne don Amurka, kuma tsofaffin cikinsu ba su da bawul ɗin da ke sa ruwa ya kewaye hita, wato tankin ɗumama ruwa. A Njamena wannan ba ya damun kowa. Amma mai kai baƙi Tibesti, a arewacin Chadi, a Disamba ko Janairu ya san cewa a tsaunukan da ke kewaye da Bardai ruwa na daskarewa da dare. Ƙanƙara tana ƙara girma da kusan kashi 9 cikin 100, kuma wannan ya isa ya tsaga gwiwar bututu ko bawul ɗin masai.

Hanyar da aka saba ita ce a tura maganin daskarewa mai launin ruwan hoda cikin bututu. To, in babu layin kewaye, sai hitar ta sha ta ƙoshi kafin maganin ya kai famfon ruwan zafi: lita 23 a ƙaramar hitar kamfanin Suburban ko Atwood, lita 38 a babba. Wannan asara ce, ga shi maganin ba ya samuwa da sauƙi a nan. Kada kuwa wani ya ce a maye gurbinsa da ruwan lagireto. Guba ne, ba ya shiga layin ruwan sha.

A nan ne ɗan kan tagulla na kamfanin Camco yake da amfani: ta cikinsa ake busa iska ta kori ruwan da ke cikin bututu. Bai fi babban yatsa ba. Gefe ɗaya ana murɗa shi a bakin da ake jona tiyon ruwa daga waje, ɗaya gefen kuma bawul ne irin na taya.

A fara kashe gas da lantarkin hita, a bar ta ta huce sarai. A kashe famfon batir, wato injin da ke tura ruwa daga babban tanki, a buɗe famfon ruwan zafi, a ɗaga hannun bawul ɗin rage matsi, sannan a kwance murfin ƙasan hitar. A Suburban sandar ƙarfe ce mai kare tanki daga tsatsa, soket mai lamba 27 ke kama ta. A Atwood murfin roba ne. A zubar da babban tanki, a buɗe ƙananan magudanan ƙarƙashin mota. In ruwa ya tsaya, a rufe su, a mayar da murfin hita. Nan ne mutane ke kuskure: suna barin hita a buɗe, iskar duk ta tsere ta can, bututun ruwan zafi ya zauna da ruwansa.

Sai a jona kwamfuresa, a daidaita matsin iskarta tsakanin bar 2 da 2.5 a geji. Za a ga kamar ba abin da ke faruwa na ɗan lokaci, domin hitar ce ke cika da iska tukuna. A buɗe famfo ɗaya bayan ɗaya, sanyi sannan zafi, har ya daina tofi ya koma iska zalla. Kicin, wurin wanke hannu, shawa, fedar masai, da shawar waje da kowa ke mantawa. A zagaya sau biyu. Daga nan a saki iskar, a sake cire murfin hita, a bar ta haka. Ɗan ruwan da ya rage a gindinta yana da sararin kumbura.

Aikin kan tagullan yana kyau, zarensa ba ya cinyewa kamar na roba, wanda rana kaɗai ke busar da shi ya fashe. Amma yana da aibi uku. Mutum biyu yake buƙata, ɗaya ya danne bakin iska, ɗaya yana ciki wajen famfo. Iskar kuma ba ta ratsa famfon batir, saboda bawul ɗin da ke hana ruwa komawa baya. Dole a kwance kofin matatarsa a zubar, a kunna shi babu ruwa na daƙiƙa 20. Lanƙwasar bututun da ke ƙarƙashin kowane magudani ita ma iska ba ta kai mata, sai a zuba kofi guda na maganin ruwan hoda.

Babban haɗarin yana wajen mai faci, in a wurinsa za a nemi iska. Kwamfuresarsa tana iya kai bar 8, ga mai da danshi a cikin iskar. Alhaji, in ba ka ga geji da abin rage matsi a layinsa ba, kada ka bari ya taɓa motarka. Ƙaramar kwamfuresa marar mai ta fi.

Mai motar Turai ya duba kafin ya saya. Yawancinsu ba su da bakin jona tiyo kai tsaye, kuma zaren Amurka bai dace da na Turai ba. Hitar Truma Combi, wadda ake samu a motocin Turai, lita 10 take ɗauka, tana da bawul da ke buɗe kansa in sanyi ya sauka kusan digiri 3.

Ga motar Amurka, ya cancanci a sayi kan tagullan, ko da ba za a je arewa ba, domin ruwan da ya kwana watanni a bututu cikin zafin Afrilu yana wari ya tara ƙwayoyin cuta. Bayan an gama, a liƙa tef a kan makunnin lantarkin hitar. In aka kunna ta babu ruwa, nan take ƙarfen ɗumamawar zai ƙone.