Wane Kwafin La Chèvre Ya Kamata Ka Saya?

Fim ɗin barkwanci ne na Faransa da Francis Veber ya shirya a 1981. Gérard Depardieu ya fito a Campana, ɗan binciken sirri mai zaman kansa da aka ɗauka ya nemo 'yar wani attajiri da ta ɓace a Meziko. Yarinyar ba ta da sa'a ko ta anini, sai aka haɗa Campana da akawu François Perrin, wato Pierre Richard, wanda rashin sa'arsa ya yi daidai da nata, ko ya faɗa ramin da ta faɗa.

Kafin ka ba da kuɗi, tabbatar da fim ɗin ne. A Turanci an sa masa suna Knock on Wood, kuma akwai wani fim na Amurka na 1954 mai wannan sunan. Pure Luck na 1991 kuwa sake yi ne, da Danny Glover da Martin Short. Ka nemi sunan Depardieu a jikin kwali.

Babban abin da ke raba kwafi da kwafi shi ne harshe. Rabin dariyar fim ɗin tana cikin yadda muryar Campana ke sauyawa daga haƙuri zuwa ƙosawa, saboda haka kwafin da aka ɗora wa wata murya asara ce. Mai jin Faransanci, kamar yawancin 'yan boko a Nijar, Kamaru da Chadi, ya ɗauki na Faransa kai tsaye. Wanda ba ya ji sai ya juya bayan kwali: faifan Faransa da yawa ba su da rubutun fassara na Turanci, sai na Faransanci don kurame.

Sai maganar shiyya, wato lambar da ke ƙayyade yankin duniya da faifai zai yi aiki a na'urorinsa, inda mutane suka fi ƙona kuɗinsu. DVD na Turai lamba 2 ne, na Amurka 1, galibin Afirka kuwa 5. In na'urarka a kulle take, za ta tofar da faifan. A kwamfuta sau biyar kawai ake iya canza lambar, daga nan ta maƙale. Blu-ray ya fi sauƙi, domin Turai da Afirka duk shiyyar B suke, Amurka ce A.

Ta fuskar hoto, DVD na Turai layi 576 ne, na Amurka 480, Blu-ray 1080. Amma DVD na Turai yana gudu da hoto 25 a daƙiƙa maimakon 24 na silima, wato ƙarin sauri na kusan kashi 4 cikin ɗari. Fim na awa ɗaya da rabi sai ya rage kusan minti huɗu, sautin kiɗan Vladimir Cosma ya ɗan tashi sama. Ba yanke shi aka yi ba.

Akwai akwatin da ke haɗa shi da Les Compères na 1983 da Les Fugitifs na 1986, duk na jaruman biyu. Yakan fi araha a kan saye ɗaya-ɗaya, sai dai a La Chèvre kaɗai Depardieu yake ɗan bincike.

Shawararmu ita ce Blu-ray na shiyyar B ga mai Faransanci. Mai bukatar Turanci ya sa mai sayarwa ya turo hoton bayan kwali tukuna, in kuma tsohon hannu ne, har da hoton cikin faifan a gaban haske, don karce mai bin da'ira shi ne ke tsayar da fim.