Tutar rawaya a Indiyanafolis

Ban taɓa ganin mota ta daki katanga da gudun da ya haura kilomita 300 ba sai ranar Lahadin nan ta ƙarshen Mayu. Abokin aikina ne ya ja ni filin tseren motoci na Indiyanafolis a Amurka, wai shekara uku ina garin ban leƙa ba. Titin zagaye ne mai kwana huɗu, tsawonsa kilomita 4, motoci 33 za su kewaya shi sau 200, kowace kwana hagu ake karyawa. Tun 1911 suke wannan tsere.

A gabanmu wata mota ta ƙwace, ta yi juyi, ta maku da bango, tarkace ya tashi sama. Na miƙe ina salati, a raina na riga na yi wa direban ta'aziyya. Ban rufe baki ba fitilu suka koma rawaya, aka kaɗa tutar rawaya, sauran motocin suka sassauta suka yi layi bayan motar jagora, wadda suke kira fes-ka. Motocin ceto kuwa har sun iso. Abin da ya tsaya mini a rai, ba wanda ya fizgo direban. Ɗaya ya durƙusa ya riƙe masa kai, likita yana yi masa magana, sannan a hankali direban ya fito da kansa, ya ɗaga wa jama'a hannu.

Abokina ya ga jikina yana rawa, ya shiga yi mini bayani. Bangon ba zallar siminti ba ne, bututun ƙarfe ne da soso a bayansa mai shanye ƙarfin bugu, sunansa SAFER, a nan aka fara kafa shi a 2002. Akwai kuma wata sarƙa ta wuya, HANS, da ke hana kai fizga gaba, wadda ta zama dole a NASCAR, wata gasar tseren motoci ta Amurka, bayan mutuwar direba Dale Earnhardt a filin tseren Daytona a 2001. Kowane direba yana da ɗan leƙe, sufota, a can saman rumfa da rediyo yana faɗa masa: mota ta ciki, mota ta waje, kiliya. Da na ji kiliya sai da na tuna yaran mota a tasha. A wurinmu sauka gefen titi ne, su a wurinsu hanya ta buɗe, taka.

Ni dai hankalina ya tafi hanyar Kano zuwa Zariya, inda ɗan kawuna ya rasu a hatsarin mota. Da ransa aka ciro shi. Mutanen kirki ne suka taimaka, Allah ya saka musu, amma wani ya kama hannu, wani ƙafa, wuya yana reto, aka jefa shi bayan akori-kura. Wasu na tsaye da waya suna ɗaukar bidiyo. 'Yan uwa, riƙe wa mutum kai ba ya buƙatar dala. Kuma samarinmu masu wasan mota a biki, ba hular kwano, ba bel, yara a bakin titi suna tafi, wa kuke wa? Waɗannan da gudu ne sana'arsu, bel mai ɗamara shida suke ɗaurawa.

Ba wai na ji daɗin komai ba. Wurin ajiye mota sai a ƙofar gidajen mutane, kan ciyawarsu, su caje ka kamar ka kama hayar ɗaki, sannan ka taka sayyada mai nisa cikin rana. Mashaya ko'ina, ƙara kuma sai da na cusa auduga a kunne. Sallah a gefen mota na yi ta, mutane na ratsa ni da akwatunan ƙanƙara.

Da aka kaɗa tutar nan mai zanen dara, baƙi da fari, alamar an gama tsere, sai aka miƙa wa zakara kwalbar madara ya kafa kai. Al'ada ce tun daga Louis Meyer, wanda ya sha nono bayan ya ci tseren 1936. Mutum sama da dubu 300 na ihu, ni kuwa fura da nonon bakin asibiti nake ji a maƙogwaro. Da daddare na kira ƙanena mai jan Sharon zuwa Kaduna, na sa ya rantse mini zai riƙa ɗaura bel.