Awa uku da ɗan jagora a gidan tarihi na Urushalima

Kamfanin da ya shirya mana ziyarar Urushalima ya ware wa gidan tarihi awa ɗaya tak, ita ma don mu leƙa farar ƙubbar nan da aka ajiye naɗaɗɗun littattafan Tekun Gishiri, alhali shagunan tsaraba sun ci mana rabin yini. Abin ya ɓata mini rai. Da ranar hutunmu ta zo, mu biyar muka haɗa kuɗi muka ɗauki ɗan jagora na kanmu, mutumin da ya yi karatun tonon kayan tarihi kuma ya taɓa aikin tono da hannunsa, muka koma Israel Museum ɗin, wanda aka buɗe tun 1965. Sharhina a kan wannan zagaye ne, don masu niyyar zuwa su san ko ya cancanci kuɗinsu. A ganina ya cancanta, amma da sharaɗi.

Ya fara da mu a gaban wani baƙin dutse da aka haɗa ɓaraguzansa. An tsinci babban ɓangaren a Tel Dan, arewacin ƙasar, a 1993, sauran biyun a 1994. Wani sarkin Aram ne ya sa aka rubuta a ƙarni na 9 kafin haihuwar Almasihu, galibin masana suna ganin Hazayel ne na Dimashƙa, yana fahariyar nasarar yaƙi. Ɗan jagoran ya nuna mana haruffa shida da ake karantawa "gidan Dawuda". Bai yi mana ƙari ba. Ya ce dutsen ya nuna maƙwabta sun san gidan sarautar Yahuza da sunan Dawuda, amma bai faɗi girman mulkinsa ba, a kan wannan har yau masana suna ja-in-ja. Nan na fara yarda da shi.

Inda muka daɗe shi ne ɗakin ibadar Arad. Arad sansanin soja ne a kudu, bakin hamadar Negeb, wanda Yohanan Aharoni ya tono a shekarun 1960, aka ɗauko Wuri Mafi Tsarkinsa aka sake ginawa cikin gidan tarihin. Ɗan ƙaramin lungu ne, 'yan matakala kaɗan ake hawa, da bagaden ƙona turare guda biyu na dutsen farar ƙasa, ɗaya ya fi ɗaya tsawo, a can ciki kuma dutse a tsaye, sumul, babu fuska babu rubutu. A saman bagaden akwai baƙin busasshen abu da ya kwana wajen shekara 2,700. Binciken da aka wallafa a 2020 ya gano lubban gauraye da kitse a kan babban, a kan ƙaramin kuwa tabar wiwi ce gauraye da kashin dabbobi, don ta ci wuta a hankali. Wata dattijuwa da ke cikinmu ta dafe ƙirji, ta juya ga faston da muke tare da shi.

"Baba Fasto, ashe wurin tsafi aka kawo mu?"

"A'a Mama," in ji shi, "mutanen Yahuza ne, Ubangiji suke nufi da ibadarsu. Irin wuraren nan ne Sarki Hezekiya ya rushe. Yana nan cikin Sarakuna na Biyu, sura 18."

Ɗan jagoran ya ƙara da cewa an tarar da bagaden a kwance, an binne su cikin natsuwa, babu alamar farfasawa, kuma masana da yawa suna danganta hakan da zamanin Hezekiya. Na yi shekaru ina karanta maganar masujadan kan tudu, ban taɓa kawowa a raina cewa ɗaki ne da ake iya aunawa da taku ba. Sai da na tsaya a gabansa na fahimci dalilin zafin muryar annabawa. Ba da baƙi suke faɗa ba, da 'yan uwansu ne.

Daga nan sai 'yan mutum-mutumin yumɓu na mata, ba su wuce tsawon tafin hannu ba, kowace ta tallafe ƙirjinta, ƙasanta kamar turmi. An tono ɗaruruwansu a gidajen Yahuza, har cikin Urushalima kanta. Wasu masana sun ce Ashera ce, allahiyar Kan'aniyawa, wasu sun ce kayan neman haihuwa da ruwan nono ne. Ya kuma ba mu labarin rubutun Kuntillet Ajrud a Sina'i, inda aka yi wa mutum addu'ar albarka da sunan Yahweh, wato Ubangijin Isra'ila, "da Asherarsa". Wannan ya yi mini nauyi, ba zan ɓoye ba. Amma Irmiya ma ya koka da matan da ke cuɗa waina don Sarauniyar Sama, saboda haka ƙasa ta fito da abin da littafi ya riga ya faɗa ne.

Abin da ya fi taɓa zuciyata kuwa ƙarami ne ƙwarai. A 1979 Gabriel Barkay yana tono kaburbura a Ketef Hinnom, gefen kwarin Hinnom, aka samu 'yan naɗin azurfa guda biyu. Shekara uku aka yi kafin a warware su ba tare da sun rugurguje ba. Babban bai kai santimita 10 ba a miƙe. Sai ka sunkuya sosai kake ganin ƙananan haruffan da aka ƙarce da tsinke, kuma abin da ke ciki albarkar nan ce ta Littafin Ƙidaya sura 6, wadda ake sallamarmu da ita a ƙarshen sujada. An rubuta su wajen shekara 600 kafin Almasihu, sun girmi littattafan Tekun Gishiri da ɗaruruwan shekaru. Ɗan jagoran yana ta neman yadda zai bayyana mana cewa ratayawa ake yi a wuya. Mama ta riga shi: "Laya ce."

Sharaɗin da na ambata yana nan. Tambayar da ta kai ni wurin ita ce asalin Isra'ilawa, shi kuma ya barta sai ƙarshe, ya tsallake ta cikin minti goma, da Turanci mai sauri wanda sai da na riƙa fassara wa Mama. Ya nuna mana hoton dutsen Fir'auna Merneptah da Flinders Petrie ya gano a 1896, wanda ya ambaci Isra'ila wajen 1208 kafin Almasihu a matsayin jama'a da ke Kan'ana. Ya ce a daidai lokacin ƙananan ƙauyuka suka yawaita a kan tuddai, tukwanensu da harshensu dangin na Kan'aniyawa ne, ƙasusuwan alade kuma kusan babu a jujinsu, saɓanin garuruwan Filistiyawa. Don haka masu tono da yawa suna ganin galibin Isra'ilawan farko 'yan ƙasar ne, wasu kuma suna riƙe da cewa wata ƙungiya ta fito daga Masar da labarinta. Ya ambaci haikalin Soleb da ke Sudan ta yau, inda rubutun zamanin Amenhotep na Uku ya ambaci makiyayan Shasu na "Yahu", sunan da ake dangantawa da Yahweh. Ina buɗe baki zan yi tambaya ya duba agogo.

In za ku ɗauki irin wannan jagora, ku faɗa masa tun a waya cewa da maganar asali za a fara, ku nemi awa huɗu, ku kuma tambaye shi wurin da ya taɓa tono. Bayanan da ke jikin kayan an rubuta su da Ibrananci da Larabci da Turanci, mai karatun Larabci ba zai ɓata ba. Ku tafi da littafin rubutu da biro. Baba Fasto ya cika shafi shida, kuma a motar komawa masauki ya ce in sake karanto masa sura 18 ɗin tun daga farko.