Gargaɗi: Masu tallar hannun jarin kamfanin da ake rushewa

Jama'a, ku yi hattara da masu yawo da takardun hannun jari suna tallata su a farashi mai rahusa, alhali kamfanin da ke da hannun jarin an riga an kai ƙararsa kotu ana neman a rushe shi. Maganarsu kusan ɗaya ce ko'ina. Za su ce maka kamfanin na da filaye da gine-gine, ana gab da sayarwa a raba kuɗin, su dai matsi ne ya sa za su rabu da nasu kason. Sai su ƙara da cewa ka hanzarta, domin wani na jira.

Abin da suke ɓoye maka shi ne, da zarar an fara rushe kamfani, doka ta ɗaure sauya sunan mai hannun jari. A Ingila, dokar karyewar kamfanoni ta 1986, sashe na 127, ta ce idan kotu ce ke rushe kamfani, duk wani sauyin hannun jari da aka yi bayan an fara rushewar ba shi da inganci, sai idan kotu ta amince. Sashe na 88 ya zo da irin wannan hukunci ga kamfanin da masu shi suka yanke shawarar rushewa da kansu, sai dai a nan izinin jami'in da aka naɗa ya tattara kadarori ya biya basussuka ake buƙata. Ƙasashe da yawa da suka gaji tsarin shari'ar Ingila, irin su Indiya da Najeriya, suna da tanadi makamancin wannan.

Inda mutane suka fi faɗawa rami shi ne batun ranar farawa. Da yawa sun ɗauka sai ranar da alƙali ya ba da umarni ne rushewa ke farawa. Ba haka ba ne. Idan kotu ta ba da umarnin, ana komawa baya a ƙirga daga ranar da aka shigar da ƙarar. Tsakanin waɗannan ranaku biyu ana iya yin watanni, ofis a buɗe, ma'aikata na zuwa aiki, komai kamar lafiya lau. A wannan tsakanin ne mayaudaran ke cin kasuwarsu. Ka biya kuɗi, ka karɓi takarda, daga baya umarni ya fito, jami'in rushewa ya buɗe rajistar masu hannun jari ya ce bai san da kai ba. Abin da ya rage maka shi ne bin wanda ya sayar maka, idan ka gan shi.

Wasu sun fi haka ƙwarewa. Su da kansu za su gaya maka akwai ƙara a kotu, sannan su ce abin mai sauƙi ne, a rubuta tsohon kwanan wata a fom ɗin sauya suna, a nuna an yi cinikin tun kafin ƙarar. Don Allah kada ka sa hannu. Wannan jabun takarda ne, kuma sa hannunka na kanta. Ranar da aka tono, kai da ka zo neman riba ka zama abokin laifi. Ko da ba a tono ba, akwai wani tarkon: idan hannun jarin ba a gama biyan kuɗinsa ga kamfani ba, wanda sunansa ke rajista shi za a fara kira ya cika ragowar domin a biya masu bin bashi. Mai sayarwar ya san da wannan nauyi, shi ya sa yake neman wuyan da zai rataya wa. Araha ba ta ado.

Zancen rabon kuɗin filaye kuwa, ku sani masu hannun jari su ne na ƙarshe a layi. Sai an sallami masu jingina, an cire kuɗin aikin rushewar, an biya haƙƙin ma'aikata da sauran masu bin bashi, sannan a duba ko akwai saura. Kamfanin da aka kai kotu saboda ya kasa biyan bashi, da wuya wani abu ya rage.

Abin na ci mini rai, domin waɗanda ake cuta galibi mutane ne masu neman inda za su adana ɗan abin da suka tara, ba 'yan caca ba. Kafin ka fitar da ko sisi, bincika matsayin kamfanin a hukumar rajistar kamfanoni, ka sa lauya ya duba ko akwai ƙarar rushewa a kotu, domin a wurare da yawa ana buga sanarwar irin wannan ƙara a jaridar gwamnati. Idan an riga an naɗa jami'in rushewa, ka rubuta masa kai tsaye, ka nemi amincewarsa ko umarnin kotu a rubuce, kada ka yarda da kwafin da mai sayarwa ya miƙo maka. Wanda kuma ya riga ya biya, ya adana rasit da saƙonnin da suka yi musaya, ya kai wa lauya da 'yan sanda tun kafin mutumin ya sauya lambar waya.