Boya BY-M1: makirufo ga majinyacin da ke ɗaukar fim ɗin rayuwarsa

Mai sikila ko mai wankin ƙoda da ya ƙudura ɗaukar fim kan yadda yake kwana yake tashi da ciwo, hoto ba ya ba shi wahala, wayar hannunsa ta isa. Murya ce matsalar. Wanda ya dawo daga awa huɗu a kan injin wankin ƙoda magana yake ƙasa-ƙasa, ga janaretan maƙwabta, ga hon ɗin motocin haya na danfo. A ɗakin haya na Agege ko Idi-Araba a Legas, makirufon cikin waya ƙarar unguwa yake kwasowa ya bar mai maganar.

Nan wannan ɗan makirufo na maƙalawa a riga ya ciri tuta. Igiyarsa mita 6 ce, don haka a kafa waya a ƙarshen gado, majinyaci na kwance ba sai ya yunƙura ba. A maƙala shi kamar taƙi ɗaya ƙasa da haɓa, da sosonsa a kai. Daga nan yana kamo abin da irin wannan fim yake rayuwa a kansa: numfashin da ke sarƙewa tsakanin kalma da kalma, haɗiyar yawu, salatin da ke fita ba a shirya ba. A ajiye shi kusa da kwalbar magani, ƙarar ƙwayoyin ta fito tas, a ɗora ta kan hoton silin ko fankar da ta tsaya.

Inda aka fi yin asara shi ne maɓallin jikinsa. Da waya za a ɗauka, a bar shi a gefen Smartphone, ba ya buƙatar batir. Gefen Cameras na kyamara ne, shi ke cin batirin LR44. Aka kuskure gefe, sai a gama ɗauka a tarar babu muryar kirki, kuma ranar da jiki ya ba da dama ba lallai ta maimaitu ba. Shi ya sa gwajin daƙiƙa goma kafin kowace ɗauka wajibi ne: a ƙwanƙwasa kan makirufon da farce, a saurara. Wannan gwajin a yi shi tun a shago a Computer Village ta Ikeja, da wayarka, domin akwai jabu a kasuwa.

Kan igiyarsa da ake sokawa a waya na ramin iyafis ne mai milimita 3.5. Wayar da ba ta da ramin, kamar iPhone tun daga 7, sai da adafta, kuma ba kowace adaftar USB-C ce ke shigar da murya ba. Kada a yi ɗauka waya na caji, ƙarar wuta kan shiga.

Makirufon yana da aibu uku. Ta ko'ina yake jin sauti, bai san janareta ba bai san mutum ba, gara a ɗauka bayan asuba kafin gari ya waye. Shadda mai sitati da hijabi kuma suna gogarsa, riga mai laushi ta fi. Ita kuwa doguwar igiyar, a asibiti abin tsoro ce: a naɗe rarar a ɗaure, a bi da ita nesa da robar ƙarin ruwa da hannun da ake sa allurar wankin ƙoda. A nemi izinin ma'aikatan jinya tukuna, kuma a tuna makirufon yana ɗauko nishin na gadon kusa, wanda bai amince a sa shi a fim ba.